Janar Morland: Daga Ƙofar Kabuga Zuwa Tudun Thiepval

Idan aka tashi zancen zuwan Turawa ƙasar Hausa, sunan da ke fara zuwa baki shi ne Gwamna Lugga. Shi ya ci Kano, shi ya ci Sakkwato. Haka dattawa ke faɗa, haka yara ke haddacewa a makaranta. Amma ranar da igwa ta fasa ƙofar birnin Kano, Lugga ba ya wurin. Ranar da aka gwabza a Giginya ma sai da ƙura ta lafa da kwanaki sannan ya iso. Shi nasa shirya abu ne da rubuta wasiƙu zuwa Landan. Wanda ya tsaya gaban ganuwar Kano ya ce wa masu igwa su buɗe wuta wani kanar ne mai suna Thomas Morland, wanda yau da wuya ka ji an ambace shi ko a cikin Kanon. A Ingila kuwa, in an tuna da shi, ba don Kano ba ne. Don wata bishiya ce da ya hau a ƙasar Faransa shekara 13 bayan haka, da abin da ya auku a gaban idonsa yana kanta.

An haife shi a 1865 a birnin Montreal na ƙasar Kanada, aka kai shi Ingila ya yi karatu a makarantar Charterhouse, ya zama hafsan soja a 1884 a rundunar King's Royal Rifle Corps. A wannan shekara ce manyan ƙasashen Turai suka zauna a Balin suna tsara yadda za a raba Afirka. A cikinta ne kuma wani Ba'amurke mazaunin Landan, Hiram Maxim, ya fito da bindigar da ke ɗura wa kanta harsashi, tana aman wajen 600 a minti guda, an kewaye bakinta da tulun ruwa don kada zafi ya narkar da shi. Kakanninmu suka sa mata bindiga mai ruwa. Saurayin hafsan da taron Balin da wannan bindiga duk tagwayen shekara guda ne, kuma ba su rabu ba har ƙarshe.

Shekara 14 ya yi yana aikin bariki, babu wani abin a zo a gani. A 1898 ya shigo Afirka ta Yamma, cikin sabuwar rundunar da aka ba Lugga ya kafa don tsayar da Faransawa a ƙasar Bargu. A wancan zamani hafsan da ke son ƙarin girma da sauri nan yake nufa, in zazzaɓi ya bar shi da rai. Turawan cikin rundunar 'yan tsiraru ne. Masu riƙe da bindigogin Hausawa ne da Yarabawa da Nufawa da sauran kabilu, da yawansu bayi ne da suka tsere ko aka 'yanta, waɗansu kuma neman abinci ne ya kawo su, kuma da Hausa ake ba su oda. Wannan gaskiya ce da ba mu cika son faɗa ba: hannun da ya danna kunamar bindiga a Kano da Sakkwato baƙi ne irin namu.

Yaƙinsa na farko da ya yi suna a Yola ne, a farkon Satumba 1901. Ya hauro kogin Binuwai da jiragen ruwa lokacin da ruwa ya cika, ya sauke soja da igwa. Lamiɗo Zubairu ya ƙi miƙa wuya. Yana da igwa biyu da wani hafsan Faransa, Laftanan Mizon, ya bar masa shekarun baya, yana kuma da waɗansu 'yan bindiga da suka baro rundunar Rabe. Suka tsaya a fada da masallaci, suka bari sojan Morland suka matso sannan suka sakar musu igwa a kusa. An yi ɓarna, shi kansa Morland ya sha kibiya, amma kafin rana ta faɗi fada ta faɗa hannu. Zubairu ya fice, ya je ya kara da Jamusawa a Garwa da Marwa, daga baya aka kashe shi a 1903. Turawa suka naɗa ɗan'uwansa Bobbo Ahmadu. A wannan shekara ta 1901 ne kuma matar Morland ta rasu, ta bar masa 'ya'ya mata biyu.

Da shigowar 1902 ya ja runduna gabas. Bauchi ba ta yi faɗa ba, aka tuɓe Sarki Umaru. A ƙasar Gombe Malam Jibril Gaini na Burmi, wanda ya shekara da shekaru yana gagarar sarakunan yankin, ya tare shi da mutanensa. Aka karya su, aka kama Malam aka kai shi Lakwaja. Daga nan ya wuce Barno, inda Faransawa suka riga suka kashe Rabe a Kusuri a 1900, suka bi ɗansa Fadlallah har Gujba suka kashe shi. Morland ya jawo Shehu Garbai daga Dikwa ya dawo ɓangaren Ingilishi. Cikin 'yan watanni, ba tare da wani babban yaƙi ba, ya ɗora wa Ingila ƙasa mai faɗin gaske.

Saura Kano da Sakkwato.

Dalilin da aka kafa shi ne abin da ya faru a Keffi a Oktoba 1902, inda Magaji Ɗan Yamusa ya kashe Kyaftin Moloney, ya tsere zuwa Kano, Sarki Alu kuma ya karɓe shi da girmamawa. Ko babu Magajin Keffi Lugga zai sami wani dalilin, don ya riga ya ƙudura, har ma'aikatar mulkin mallaka a Landan tana ƙorafin ba ya sanar da ita abin da yake shiryawa. Ranar 29 ga Janairu 1903, cikin tsananin hunturu, Morland ya tashi daga Zariya da soja baƙar fata sama da 700, Turawa ba su kai 40 ba, da igwa huɗu da bindiga mai ruwa huɗu, da ayarin 'yan dako a baya. A Bebeji aka rufe masa ƙofa. Ya sa aka harba igwa, kwanson ya fasa ƙofar ya kashe sarkin garin da mutanen da ke tsaye tare da shi a bayanta. Labari ya riga shi gaba, garuruwan da suka rage a kan hanya ba wanda ya sake tare shi.

Kano kuwa ba Bebeji ba ce. Ganuwarta ta kai wajen mil 11 kewaye, gindinta kauri ne da igwar Morland ba ta iya hudawa, ga gwalalo a waje cike da ƙaya, ga kafofin harbi a sama. Alu ya gyara ta, ya kuma sa an gina waɗansu ƙofofin a lanƙwashe yadda ba za a iya saita musu igwa kai tsaye ba. Lugga da ya gan ta daga baya ya yarda bai taɓa ganin irinta a Afirka ba. Da an cika ta da mayaƙa masu niyyar mutuwa a kanta, da labarin ya yi tsawo.

Amma Sarki ba ya gari. Tun farkon Janairu Alu ya fita da dawakai wajen 2,000 da manyan hakimansa zuwa Sakkwato, don yin mubaya'a ga sabon Sarkin Musulmi Attahiru da ziyarar Hubbare. Har gobe ana gardama a kan wannan tafiya, ko rashin sanin kusantowar Nasara ne, ko shawara ya je nema, ko kauce wa yaƙin ya yi. Abin da ba a gardama a kansa shi ne Kano ba ta gama warkewa daga Basasa ba, yaƙin Tukurawa da Yusufawa wanda ya ɗora Alu kan gado shekara 8 kafin nan, kuma ba kowa ne a birnin yake shirye ya mutu dominsa ba. Ya bar tsaron gari a hannun manyan bayin sarki, a gabansu Sarkin Shanu.

Ranar 3 ga Fabrairu da safe Morland ya iso ta yamma. Ya fara da Ƙofar Dukawuya, aka yi ta zuba mata igwa ba ta ko gezau ba. Da wani hafsan ne, zai ga abin kunya ne ya ja da baya, ya ce a hau da tsani ko ta halin ƙaƙa. Morland bai yi haka ba. Ya bar ta, ya zaga da igwarsa zuwa Kabuga, inda ya sami ƙofar da ake iya saitawa, aka fasa ta, 'yan kaɗan suka kutsa ta kafar, masu tsaron ganuwa suka watse. Waɗanda suka fita ta wata ƙofar don tserewa, sojan doki suka bi su a fili. Sarkin Shanu ya koma gidan sarki da 'yan mutanen da suka rage masa, ya yi faɗa a nan har aka kashe shi. Kanawa ɗaruruwa suka mutu. A ɓangaren Morland ba a rasa rai ko ɗaya ba, sai 'yan raunuka. Ba a daɗe ba kasuwar Kurmi ta ci gaba da ci.

A riƙe wannan, don za a buƙace shi a gaba: a Kano, da ƙofa ta gagare shi, barin ta ya yi ya nemi wadda ta buɗe.

Alu yana hanyar dawowa labari ya iske shi. Cikin dare ya sulale ya bar rundunarsa, aka kama shi a ƙasar Gobir, Turawa suka kai shi Yola, daga nan Lakwaja. Rundunar ta rabu biyu. Wambai Abbas ya ja kashi guda ya koma Kano ya yi sulhu, shi ne ya zama sarki. Waziri Ahmadu ya ce shi kam sai ya yi yaƙi. Kusa da Kwatarkwashi, a ƙarshen Fabrairu, ya ci karo da wani ƙaramin ayarin sintiri na soja 45 ƙarƙashin Laftanan Wallace Wright. Suka sauka daga dawakai, suka yi sahu mai kusurwa huɗu, kowane gefe baki na kallon waje, suka kare kansu da sarar ƙaya. Barade suka yi ta kawo hari, ana zubar da su suna sake taruwa suna dawowa, wajen awa biyu, har waɗansu suka faɗi taku kaɗan daga bakin bindiga. Waziri Ahmadu yana cikin waɗanda suka kwanta a wurin. Wright ya sami lambar Victoria Cross, wadda babu sama da ita a sojan Ingila.

A Sakkwato Birgediya Kemball ne babban kwamanda, Morland na jan babban ɓangaren rundunar. Manyan Daula sun daɗe suna shawara tsakanin abu uku, a yi yaƙi, ko a yi sulhu, ko a yi hijira, ba a tsayar da magana ba har Nasara suka iso. Ranar 15 ga Maris aka fito fili a Giginya, wajen ganuwa, abin da ya fi yi wa mai bindiga mai ruwa daɗi. Sojan suka yi sahunsu mai kusurwa huɗu, suka buɗe wuta tun daga nesa inda kibiya ba ta kaiwa. Marafa Maiturare ya kai hari da dawakansa, aka harbe dokin da yake kai. Masu riƙe da tutar Shehu suka tsaya a gindinta, in ɗaya ya faɗi wani ya ɗauka, har suka ƙare. Ba a yi awa biyu ba aka gama. Sarkin Musulmi Attahiru ya nufi gabas, jama'a suka yi ta barin gonaki da garuruwa suna bin sa, har aka tare su a Burmi ranar 27 ga Yuli aka kashe shi da mutum sama da 600, Magajin Keffi na cikinsu. Ɗansa Muhammadu Bello Mai Wurno ya ja sauran jama'a zuwa Sudan, inda zuriyarsu take a bakin Shuɗin Nilu har yau. Waziri Buhari ya dawo birni ya zauna da Turawa, ya kuma rubuta risala yana bayyana wa malamai hujjarsa. Morland bai je Burmi ba, nasa aikin ya ƙare a Giginya.

Sakamako ya biyo baya. Daga 1905 zuwa 1909 shi ne Sufeto Janar na sojan Ingila na Afirka ta Yamma baki ɗaya. Ya koma gida aka ba shi birged a Aldershot. Da Yaƙin Duniya na Farko ya ɓarke a 1914, kafin shekara ta ƙare yana jan Dibishan ta 5 a Beljiyam. A Afrilu 1915 mutanensa suka tashi nakiyoyi a ƙarƙashin wani ɗan tudu kusa da Ypres da ake kira Hill 60 suka kama shi, a farkon Mayu Jamusawa suka sako iskar guba suka ƙwace abinsu. Duk da haka aka ƙara masa girma, aka ba shi Babbar Runduna ta 10, mai dibishan da yawa a ƙarƙashinta. Mutumin da bai taɓa jan soja da suka wuce dubu da 'yan kai a fagen fama a Afirka ba, yanzu ran mutum dubu goma-goma ne a hannunsa. Tsofaffin sojansa na Nijeriya kuwa a lokacin suna Kamaru suna yaƙar Jamusawa, sun ci Garwa a 1915, dutsen Mora ya miƙa wuya a Fabrairu 1916, daga nan aka kwashe su a jirgin ruwa zuwa Afirka ta Gabas.

Sai ranar 1 ga Yuli 1916, a yankin kogin Somme.

Rabon da aka yanka wa Morland shi ne mafi tauri a duk fagen: tudun Thiepval. Jamusawa 'yan Württemberg sun kusa shekara biyu a kansa. Ƙasar wurin alli ce mai daɗin haƙa, sun haƙa ɗakuna a ƙarƙashinta, waɗansu zurfinsu ya kai ƙafa 30, sun mai da ɗakunan ƙarƙashin rusassun gidajen ƙauyen mazaunin bindigogi. A arewa da ƙauyen akwai wata babbar tunga ta ramuka da ake kira Schwaben, a kudu wata mai suna Leipzig. Gaban kowace an shimfiɗa waya mai ƙaya. Bindigar da suka girke kuwa, wadda suke kira MG 08, ba wata ba ce illa bindigar Maxim da aka ƙera a Jamus, da tulun ruwanta da komai.

Dabarar manyansa, Janar Haig da Janar Rawlinson, ita ce a yi kwana bakwai ana luguden igwa har a tabbata ba mai rai a ramukan Jamusawa, sannan soja su fito su taka su karɓi wurin. An harba kwanso sama da miliyan ɗaya da rabi. Da yawa ba su fashe ba, da yawa kuma irin da ke tarwatsewa a sama ne, ba sa huda ƙasa. Jamusawa suka zauna a ɗakunansu na ƙasa suna jira. Ƙarfe 7:30 na safe igwa ta ɗaga zuwa gaba, hafsoshi suka busa usur, samari suka fito daga ramuka kowa da kayan da ya kai kilo 30 a jikinsa. Jamusawa suka hauro da bindigoginsu suka girke.

Morland yana da dibishan biyu a gaba, ta 32 da ta 36, da ta 49 a ajiye. Shi kansa ya sa an kafa masa dandamali a kan wata doguwar bishiya kusa da ƙauyen Englebelmer, 'yan mil kaɗan a baya, da tsani da wayar tarho da madubin hangen nesa.

Dibishan ta 32 aka tura wa ƙauyen Thiepval ɗin kansa. Yawancin bataliyoyinta irin waɗanda ake tarawa daga gari guda ne, abokai da maƙwabta da 'yan masana'anta ɗaya, an yi musu alkawarin za su yi yaƙi tare: 'yan Salford, 'yan Newcastle, 'yan Glasgow. 'Yan Glasgow sun sami kama bakin tungar Leipzig. Sauran kuwa bindigogin ƙauyen suka share su sahu-sahu tun ba su kai waya ba. Amfanin tara 'yan unguwa ɗaya a bataliya ɗaya ya koma musiba, don a Salford akwai layukan da kusan kowane gida aka kai masa takardar rasuwa a mako guda.

Dibishan ta 36 ta mutanen Ulster ce, daga arewacin Ailan, ƙarƙashin Janar Nugent. Tun kafin a fita suka fara biya. A cikin rami a dajin Thiepval, ana rabon gurneti, akwati ya suɓuce ya faɗi, fil ɗin guda biyu ya zare. Wani saurayi ɗan shekara 20, Billy McFadzean, ya faɗa kan akwatin da jikinsa. Ya mutu nan take, ramin cike da mutane amma ɗaya kawai ya ji rauni. Irin lambar da aka ba Wright saboda Kwatarkwashi ita aka ba mahaifinsa.

Nugent ya yi wata dabara da ta saɓa wa ta saura. Ya fitar da mutanensa tun igwa ba ta ɗaga ba, suka rarrafa suka kwanta kusa da wayar Jamusawa, da lokaci ya yi suka ruga a guje maimakon tafiya a sahu. Suka riski Jamusawa ba su gama fitowa daga ƙasa ba. Kafin hantsi sun kama tungar Schwaben, sun kama fursunoni ɗaruruwa, waɗansunsu sun dangana da layin Jamusawa na biyu. A duk arewacin fagen ranar nan babu wanda ya shiga zurfin da suka shiga. Sai dai dama da hagunsu duk an kasa, saboda haka suna tsakiya ana harbinsu ta gefe uku, filin da ke bayansu kuma bindigogin Thiepval sun hana kowa ratsawa da harsashi ko ruwan sha. Nugent ya tambaya ko a tsayar da birged ɗinsa ta ƙarshe tunda gefuna sun gagara, aka ce ya ci gaba. Da aka sake shawara aka aiko a tsaya, wayoyi sun tsinke, mutanen sun riga sun tafi.

Nan ne aka zo inda ake tuhumar Morland. Yana da dibishan guda cur a hannu, ta 49, mutum dubbai da ba su shiga wuta ba. Kwamandanta, Janar Perceval, ya matsa masa a tura ta ta kafar da 'yan Ulster suka buɗe, a ƙarfafa Schwaben, daga can a zagayo wa Thiepval ta baya, tunda bindigoginta gaba suke kallo. Morland ya ƙi. Tsarin da aka rubuta ya ce a ci Thiepval ta gaba, don haka ya sa a sake kai mata hari ta gaba da la'asar. Aka tura birged guda, bindigogin nan dai suka karɓe ta kamar yadda suka karɓi na safe. Taimakon da ya isa Schwaben kaɗan ne kuma a makare. Jamusawa suka yi ta kawo farmaki, harsashi da gurneti suka ƙare wa 'yan Ulster, da dare waɗanda suka rage suka janye zuwa inda suka fito.

A wannan yini ɗaya sojan Ingila sun yi asarar mutum 57,470 tsakanin matattu da masu rauni da waɗanda suka ɓace, 19,240 daga ciki matattu. Ba su taɓa ganin rana irinta ba, kafin nan ko bayan nan. Kason Morland ya haura 9,000, fiye da 5,000 daga dibishan ta Ulster kaɗai. Thiepval ba ta faɗi ba sai ƙarshen Satumba, Schwaben kuwa sai tsakiyar Oktoba.

Adalci ya sa a faɗi abin da ke ɓangarensa. Ba shi ya tsara yaƙin ba. Daga kan bishiya hayaƙi da ƙura ne suka fi yawa a abin da yake gani, wayoyi sun yanke, masu kai saƙo da ƙafa ana harbe su a hanya, har rahoton ƙarya ya zo masa cewa an ga sojan Ingila a cikin Thiepval, abin da ya sa aka ɗauke wa ƙauyen igwa. Ratsa dubban mutane ta filin da bindigogi ke shara ba abu ne mai sauƙi ba ko da ya yarda da shawarar Perceval. Kuma ba shi kaɗai ba ne. Janar-janar na kusa da shi sun yi abin da ya fi nasa muni.

Amma duk da haka akwai abin da ke tsaya mini a rai. A cikin manyan hafsoshin da ke Somme ranar nan, kaɗan ne suka san aikin bindigar Maxim a jikin mutum kamar yadda Morland ya sani. Ya gani a Yola, ya gani a Giginya, ya karanta rahoton Burmi. Ya san jarumtaka ba ta ratsa filin da wannan bindiga ke kallo, don ya ga mutanen da ba a fi su jarumtaka ba sun gwada sun kwanta. Abin da nake zato shi ne, shi da tsararsa ba su ɗauki abin a matsayin darasi a kan bindiga ba. Sun ɗauke shi darasi a kan mutane: wai baƙar fata ne marasa horo, masu tsafi da layu, shi ya sa suke faɗuwa, Bature mai horo kuwa zai wuce. Haig da Rawlinson ma sun halarci yaƙin Omdurman na Sudan a 1898, inda aka kashe Ansar wajen 10,000 a safiya guda da irin waɗannan makamai. Duk sun ga abin da idonsu, daga bayan bindigar. Harsashi kuwa bai san ɗan Salford daga ɗan Kwatarkwashi ba. Ga kuma mutumin da a Kano ya bar Dukawuya ya zaga Kabuga, a Thiepval an buɗe masa ƙofa ya bar ta yana dukan bango. A Kano shi ne mai yanke shawara, yana tsaye a ƙasa yana ganin ganuwar da idonsa. A Faransa ya zama ɗaya daga cikin masu aiwatar da takardar da aka rubuto daga sama, kuma hafsan da ya kauce wa takarda ya faɗi, shi ake sallama.

Ba a sallame shi ba. Ya ci gaba da riƙe rundunarsa, kuma sojan Ingila sun koyi abin da suka koya da tsada. A Messines, ranar 7 ga Yuni 1917, ƙarƙashin Janar Plumer, an shafe fiye da shekara ana haƙa ramuka a ƙarƙashin tudun da Jamusawa ke kai. Ƙarfe 3:10 na asuba aka tashi nakiyoyi 19 kusan lokaci guda, igwa kuma ta riƙa tafiya a hankali a gaban soja tana yi musu labule. Rundunar Morland ce ke ɓangaren arewa, inda Hill 60 yake, tudun da ya suɓuce masa a 1915. Wannan karon cikin 'yan awoyi aka karɓe shi. Ya sha taɓon Ypres a ƙarshen shekarar. A 1918 aka mai da shi Babbar Runduna ta 13, wadda ya ja a farmakin ƙarshe na Oktoba da Nuwamba, ta kogin Selle da dajin Mormal, har aka tsagaita wuta.

Daga 1920 zuwa 1922 shi ne babban kwamandan sojan Ingila da ke zaune a yankin Rhine na Jamus, hedkwatarsa a Cologne. Ya zama cikakken janar, ya riƙe Aldershot na ɗan lokaci, rashin lafiya ya sa ya sauka a 1923. Ya mutu a Montreux ta ƙasar Siwizalan ranar 21 ga Mayu 1925, yana da shekara 59. A kan tudun Thiepval mutanen Ulster sun gina hasumiya a 1921 don tunawa da nasu, daga baya aka gina babban ginin tunawa mai ɗauke da sunaye sama da 72,000 na waɗanda ba a ga gawarsu ba a Somme. Sarki Alu, wanda Morland ya ci garinsa ba su taɓa karawa a fage ba, ya riga ya shekara 20 da ɗoriya a tsare lokacin, kuma ya ƙara shekara guda a duniya bayansa. Ya rasu a Lakwaja a 1926, a can aka binne shi.